Jiƙaƙƙen Bulo a Ɗakin Ajiyar Kotu

Sufeto bai ko gama cire hularsa ba wayar ofis ta yi ƙara. Magatakardan babbar kotu ne.

"Yallaɓai, an taɓa mana kayan shaida. Don Allah ka zo da kanka, kar ka turo kowa."

Sufeto ya mayar da hular kansa, ya yafito Saje, suka shiga mota. Shayin da aka kawo masa a nan ya huce a kan tebur.

Shari'ar ba baƙuwa ba ce a wurinsa, don ta cika gari. Gwamnati ta nemi masu kwangilar gina azuzuwan wata makarantar firamare. Ƙa'idar ita ce kowane mai nema ya kawo farashinsa a rufe, ya haɗo da samfurin bulon da zai yi ginin da shi. Kwamiti ya gwada bulon, ya shafa wa kowanne lamba da jan fenti, sannan ya zaɓi wanda za a ba.

Aka ba wani Alhaji, ɗan kwangilar da bai taɓa neman aiki ya rasa ba. Wata Hajiya mai gidan bulo, wadda ta riƙe sana'ar mijinta bayan rasuwarsa, ta ce ba ta yarda ba. Ta kai ƙara tana neman kotu ta sake duba hukuncin kwamitin, don a cewarta bulon Alhaji ko akurkin kaji ba zai ɗauka ba. Mai shari'a ta dakatar da aikin, ta sa aka kwaso samfurin su biyun aka kulle a ɗakin ajiyar kotu. Tun bara suke can. Gobe ne za a sa su a injin gwaji a matse a gaban kowa.

Tun daga bakin baranda suka ji muryar Alhaji. Yana tsaye a ƙofar ɗakin ajiya, babbar rigarsa ta zame daga kafaɗa, yana nuna ƙasa da yatsa.

"Ga shi nan, Sufeto, ka gani da idonka! Na zo in duba kayana kafin gobe, na tarar an yi musu wanka. Ruwan batir ne, wallahi ruwan batir ne! Matar nan ta ga za ta sha ƙasa, ta zo ta jiƙa min bulo don ya ruguje a injin!"

"Ka gan ta, Alhaji?"

"Sai na gan ta? Wa zai amfana in ba ita ba?"

Sufeto ya ratsa ta gefensa ya shiga. Ɗakin ƙarami ne, taga ɗaya mai ƙarfuna, kantoci cike da tarkacen shari'o'in mutane: janareta, tayoyin mota, wani keken ɗinki da ƙura ta rufe. A ƙasa aka jera bulon gida biyu. Na Hajiya a bushe yake, fari tas, har gizo-gizo ya yi saƙa a ramukansa. Na Alhaji kuwa baƙi ƙirin da danshi, ruwa ya kwanta a ƙarƙashinsa ya bi siminti ya fita ta ƙasan ƙofa.

Ya tsuguna ya sansana. Ya sa yatsa a ruwan, ya jira ya ji ko zai yi masa zafi. Shiru. Ya shafa saman bulon, sai zaren buhu ya manne masa a tafin hannu.

Ya ɗaga kai. Daidai saman bulon akwai sabon allon silin da aka maye gurbin tsohon da shi. Saje ya hau kujera ya taɓa.

"A bushe yake, Yallaɓai. Ba daga sama ruwan ya zo ba."

Sufeto ya juya ga Magatakarda, wanda ya rakuɓe a jikin ƙofa yana goge gumi da hannun riga.

"Makullin ɗakin nan guda nawa ne?"

"Ɗaya ne, Yallaɓai. Ga shi a aljihuna."

"Ya taɓa barin aljihun naka?"

"Ko sau ɗaya. Da shi nake kwana."

"Hajiyar ta zo nan kwanan nan?"

Magatakarda ya kawar da kai. "Jiya ta zo. Ta ce in bar ta ta leƙa bulonta, na hana. Ranta ya ɓaci, ta ce ba komai, gobe kowa zai ga yadda bulon Alhaji zai zama gari."

"Ka ji ko!" in ji Alhaji. "Ka ji da kunnenka!"

Mai shari'a ta sa aka kira Sufeto ofishinta. Mace ce marar yawan magana, wadda lauyoyi ke gyara tsayuwa tun kafin ta ɗago kai.

"Sufeto, ba na ɗaga zaman gobe," in ji ta. "Idan mai ƙara ce ta taɓa shaida, ƙararta ta mutu, sunanta ya fita daga masu neman aikin gwamnati har abada, kuma daga gabana gidan yari za ta wuce. Idan ba ita ba ce, ina son in san waye kafin a rufe kotu yau."

"To, ranki ya daɗe."

Suna fitowa wayarsa ta aljihu ta yi ƙara. Maigidansa ne daga ofis, kuma daga jin muryar an riga an kira shi daga wani wuri. Ya ce a kamo matar yanzu. Sufeto ya ce to, don a aikinsu to ɗin ba ta da madadi.

Gidan bulon Hajiya fili ne a bayan gari, yashi tsibi guda, inji yana ta ƙugi, maza majiya ƙarfi suna sauke bulo a layi. Ita kanta tana tsaye a tsakiyarsu da takalmin roba, mayafinta ɗaure a ƙugu. 'Yarta babba na zaune a rumfa tana karɓar masu saye.

"Hajiya, yaushe rabonki da kotu?"

"Tun zaman ƙarshe."

"Magatakarda ya ce jiya kin je."

Ta dubi ƙasa. "Na je. Lauyana ya hana ni, shi ya sa ban faɗa ba. Hankalina ne ya ƙi kwanciya, Yallaɓai. Na so in ga ko kayana suna nan yadda na kai su."

"Kin ce bulon Alhaji zai zama gari."

"Na faɗa, kuma yanzu ma zan maimaita. Na gan shi ranar da aka kai. Yashi ne aka nuna wa siminti daga nesa."

"An jiƙa shi jiya ko yau. Alhaji ya ce ke ce, da ruwan batir."

Ta buɗe baki za ta yi magana, sai idonta ya kai can gefen fili. Nan take ta manta da 'yan sanda a gabanta.

"Kai Malam! Na jiya ɗin can ka ba su ruwa kuwa? Rana ta take, ka bar su a buɗe! Jiƙa su ka rufa musu buhu!"

Mutumin ya jawo tiyo da gudu. Sufeto ya tsaya yana kallon yadda yake feshe sahun bulon, yana shimfiɗa musu jiƙaƙƙun buhuna.

"Waɗancan fa na bayanki? Su ba za a ba su ba?"

"Waɗannan sun daɗe, sun riga sun kama jikinsu. Ko a kogi ka jefa su ba abin da zai ƙaru. Ɗanye shi ke shan ruwa, da shi yake kama jikinsa. In rana ta buge shi bai sha ba, ya tashi aiki."

Sufeto ya dubi tafin hannunsa. Har yanzu akwai ɗan zaren buhu a tsakanin yatsunsa.

"Hajiya, sai dai ki yi haƙuri. Za ki biyo mu."

'Yar ta taso daga rumfa da gudu ta riƙe hannun uwarta. "Umma, ina za su kai ki? Yallaɓai, me ta yi? Ƙara fa ta kai, ba sata ta yi ba!"

Inji ya tsaya. Ma'aikata suka yi cirko-cirko, kowa da abin da ke hannunsa. Hajiya ta kwance mayafinta daga ƙugu ta yafa, ta ce wa 'yar ta koma rumfa kar ta yi mata kuka a gaban mutane. Amma da ta zo shiga mota sai da ta waiwaya ta sake duban 'yar tata. Abin ya taɓa Sufeto ƙwarai. Ya riga ya san ba ita ba ce, ga shi kuma ba shi da wanda zai ajiye a madadinta.

Suka bar ta a kan benci a bayan kantar ofishin 'yan sanda, suka koma kotu. A mota Saje ya kasa haƙuri.

"Yallaɓai, in ba ita ba ce, wa zai ɓata bulon Alhaji?"

"Ba ɓata shi aka yi ba, Saje. Reno ake yi masa. Bulon da ya shekara a ɗaki wa zai ba shi ruwa ya rufa masa buhu?"

Saje ya taka birki ba shiri. "Ke nan sabo ne? An canza?"

"Tuƙa mu dai, kar ka kashe mu kafin mu gano."

Alhaji na nan a baranda, ya samu kujera da masu saurare. Sufeto ya zauna kusa da shi kamar mai neman shawara.

"Alhaji, ni ma ina ɗan gini, ya ƙi ci ya ƙi cinyewa. A ina ake buga maka bulo?"

"A filina mana. Ni da kaina nake tsayawa a kai."

"Sau nawa kuke ba shi ruwa a rana?"

Alhaji ya dube shi sheƙeƙe. "Ruwa? Haba Sufeto! Ni ba na bari ko yayyafi ya taɓa min bulo. Shi ya sa nawa ya fi na kowa ƙarfi."

Sufeto ya yi masa godiya ya tashi. Mutumin nan dai bai taɓa ɗaukar bulo da hannunsa ba, saye yake a inda ya fi araha. Da ya san an canza masa kaya, da bai tara wa kansa jama'a da sassafe ba. Wani ne ke ƙoƙarin ceton Alhaji ba da saninsa ba, shi kuma ya zo ya kira masa 'yan sanda.

Magatakarda suka tarar a ofishinsa, ya tasa fayil a gaba ba ya karantawa. Saje ya rufe ƙofa.

"Malam, wa ya gyara silin ɗakin ajiya?"

"Ma'aikatar ayyuka, Yallaɓai. Su ke kula da ginin kotu."

"Ta taga suka shiga? Na ga ƙarfuna ne a jiki."

"Ni na buɗe musu."

"Ka tsaya a kansu har suka gama?"

Magatakarda ya ci gaba da kallon fayil ɗin.

"Malam, akwai mace a bayan kanta yanzu haka saboda maganarka. In aka rufe kotu ban samu gaskiya ba, a sel za ta kwana. Kai kuma zan tambayi Mai shari'a ko zan iya haɗa ku."

Magatakarda ya kifa kai a kan fayil ɗin. "Na ba da makullin. Kullum ina zaman kotu, ba zan rabu biyu ba. Injiniya ya ce in bar masa, zai riƙa zuwa yana duba aikin da kansa. Jiya da yamma ya dawo min da shi."

"Wane injiniya?"

"Na ma'aikata. Wanda zai ba da shaida gobe."

"Wanda ya gwada bulon a kwamiti ya ce na Alhaji ya ci?"

"Shi. Wallahi ban kawo komai a raina ba, Yallaɓai. Ma'aikacin gwamnati ne kamar ni."

"Tarkacen silin ɗin ina aka kai?"

"A baro suka fitar. Suna bayan kotu, an ce motar ma'aikata za ta zo ta kwashe."

Motar ma'aikata kuwa, kamar yadda ta saba, ba ta zo ba. Tsibin na nan a gindin katanga, fasassun allunan silin da ruɓaɓɓen katako. Saje ya naɗe hannun riga ya fara yaye su. Bai yi nisa ba ya tsaya.

A ƙasan tsibin akwai gutsattsarin bulo. Sufeto ya ɗauki wani mai girman dunƙulen hannu. A gefensa akwai rabin lamba da jan fenti wanda ya koɗe. Ya matsa da babban yatsa, sai gefen ya zube masa a takalmi.

"Wannan aka so a ɗora wa yara a ka," in ji Saje a hankali.

"Zuba su a kwali ka rufe. Sannan ka kira ofis a kawo Hajiya."

La'asar ta yi lokacin da Mai shari'a ta sauko ɗakin ajiya da kanta. Alhaji na nan da lauyansa, Magatakarda na maƙale a bango. Hajiya ta tsaya a bakin ƙofa, 'yar sanda a gefenta. Injiniya ne ya iso a ƙarshe, dogo, mai furfura a gefen kunne, tsaf da shi, alƙaluma jere a aljihun gaba.

"Injiniya, kai ka gwada bulon nan bara?" in ji Sufeto.

"Ni ne."

"Su ne waɗannan?"

Ya dube su sama-sama. "Su ne. Ga lambar kwamiti a jiki."

"Da ka zo gyaran silin ka taɓa su?"

"Me zai kai ni? Aikina a sama yake."

"Haka ne." Sufeto ya juya ga Mai shari'a. "Ranki ya daɗe, ruwan nan ba na batir ba ne, ruwan famfo ne. Amma don kar Alhaji ya ce an cuce shi, ina roƙon a fitar da bulon tsakar kotu, a kan siminti inda rana ta fi zafi. Ya sha sauran ta yau, ya sha ta gobe har azahar, sannan a gwada shi a bushe."

"Madalla!" in ji Alhaji. "Haka nake so. A shanya shi!"

Mai shari'a ta gyaɗa kai. Saje ya sunkuya ya ɗaga na farko, ya nufi ƙofa.

"Ranki ya daɗe," in ji Injiniya, "da an bar su a nan. Inuwa ma za ta busar da su."

"Rana ta fi sauri," in ji Sufeto. "Wuce, Saje."

Saje ya fita ya dire bulon a tsakiyar fili. Simintin wurin har turiri yake. Ya dawo ya ɗauki na biyu. Injiniya ya bi shi da ido, gumi ya karyo masa a goshi. Da Saje ya zo wucewa da na uku, sai hannun Injiniya ya miƙe ya tare ƙofar.

"Kai, ba a yi wa ɗanyen bulo haka, zai..."

Ya tsaya. Hannun ya sauka a hankali.

Kowa ya juyo ya dube shi.

"Ɗanye?" in ji Sufeto. "Bulon da ya shekara a kulle?"

Ya karɓi kwalin daga bayan ƙofa ya ajiye a gaban Mai shari'a, ya buɗe. Ya ɗauko gutsuren mai jan fenti ya miƙa wa Injiniya.

"Riƙe wannan. A hankali, ba ya son matsi."

Injiniya bai karɓa ba. Ya nemi wuri ya zauna a kan tayar mota, tsaf ɗin nan duk ta zube.

"Ban gwada ba," in ji shi, muryarsa can ƙasa. "Bara ban gwada na kowa ba. An kira ni daga sama an faɗa min wanda za a ba. Alhaji ma ya aiko min da gaisuwa gida. Na sa hannu."

Lauyan Alhaji ya dafa hannun Alhaji da sauri, don bakinsa ya riga ya buɗe.

"Ci gaba," in ji Mai shari'a.

"Da kotu ta sa ranar gwaji, na samu dalilin shigowa na duba. Na kankare shi da makulli, ya zube. Sa hannuna ne a takardar, ranki ya daɗe. Ni za a kama, ba wanda ya kira ni ba. Sai na buga sababbi a bayan gidana, na shafa musu lamba, na shigo da su a baro a ƙarƙashin allunan silin. Lokaci ya ƙure, ba su gama kama jikinsu ba. Kullum sai na zo na ba su ruwa na rufe. Jiya da zan mayar da makulli na kwashe buhunan, na ce bari in ba su na ƙarshe. Na san zai bar alama. Na tsaya da bokiti a hannu ina cewa kar in zuba, amma na kasa barin su da ƙishi."

"Da aka kama matar nan fa? Ka ji labari?"

"Na ji."

"Ka yi shiru."

"Na yi shiru."

Mai shari'a ta dubi 'yar sandar. "Saki mai ƙara. Sufeto, mutumin nan naka ne. Alhaji, kar ka yi nisa da gari. Magatakarda, ka same ni a ofis da makullin."

Saje ya ciro ankwa. Hajiya kuwa ba ta tafi ba. Ta shigo ɗakin, ta tsuguna a gaban bulon da ya rage, ta shafa gefensa da tafin hannu, ta ƙwanƙwasa da zobenta ta kasa kunne.

"Kai ka buga wannan da hannunka?"

Injiniya ya gyaɗa kai.

"Ya yi kyau," in ji ta. "Ko a gidana iyakar abin da za mu yi ke nan."

Ta miƙe ta kakkaɓe hannu. Idonta ya kawo ruwa, kuma ba na murna ba ne.

"Duk shekarar nan ina cewa a raina wataƙila mutumin bai san bulo ba ne, a yi masa uzuri. Ashe ka sani. Ka san mai kyau sarai, da kanka ya shiga uku ka buga shi. Amma da na 'ya'yan mutane ne, ka sa hannu a kan wancan."

Injiniya ya tashi daga kan tayar. Ya miƙa hannayensa da kansa, Saje ya danna ankwa.

Suka fito da shi ta tsakar kotu, ma'aikata sun cika tagogi suna kallo. Bai ɗaga kai ba har aka buɗe masa bayan mota. Sufeto ya miƙa wa Hajiya wayarsa ya ce ta kira 'yarta, sannan ya shiga gaba ya ce Saje ya ja su tafi.